Ɗan Yayana Zai Yi Fim A Kan Kisan Mahaifinsa

Wata magana ce ta cikin gidanmu na ɗauko yau, wadda na daɗe ina juya ta a zuci kafin in yarda in sa ta a takarda. Hausawa sun ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Gaskiya ne, amma kuma akwai abin da in ka bar shi a ciki sai ya zame maka ciwo, kuma na san ba gidanmu kaɗai irin wannan ta taɓa shafa ba.

Bayan ƙaramar Sallar da ta wuce, ɗan yayana ya zo gaishe ni da wata jakar takardu a hammata. Yaron nan shekararsa biyu da haihuwa sa'ad da 'yan fashi suka tare motar haya a kan hanyar Fada N'Gurma, cikin shekarar 2000, suka harbe mahaifinsa. A hannuna ya tashi. Yanzu ya zama cikakken saurayi, ya koyi aikin shirya fim a nan Wagadugu, yana ɗan samun na cefane da hotunan biki da tallace-tallace. Da muka gama gaisawa sai ya sunkuyar da kai ya ce, "Baba, so nake in yi fim a kan abin da ya sami mahaifina. An ce kai ka yi masa wanka. Ina so ka gaya mini inda harsashi ya shiga, da yadda ka same shi."

Na daɗe ban ce uffan ba. Daga baya na ce ya ajiye takardun, ya ba ni mako guda.

Kafin in faɗi abin da na tarar a ciki, bari in ɗan koma baya, domin kada a ɗauka ni maƙiyin silima ne. A Zangon Wagadugu aka haife ni, unguwar da Mosawa ke kira Zangwetin, wadda fataken Hausa suka kafa tun zamanin fataucin goro, aka kuma rushe ta a 2003 saboda aikin sabunta tsakiyar birni da ake kira ZACA. Daga ƙofar gidanmu na da zuwa silimar Ubri ko ta Riyale tafiyar ƙafa ce, kuma duk wanda ya tashi a Zango a wancan zamani ya san yadda muke tara 'yan dala-dala, mu saci jiki bayan sallar isha'i, mu je mu zauna a bencin gaba, sama a buɗe, muna kallon kaboyi da Indiya da 'yan Sin masu karate. A dare guda sai a kashe mutum hamsin a gabanmu, mu kuwa sai tafi da fito. In an kashe bos har tsalle muke yi a kan benci. Ba mu taɓa jin komai ba, domin kuwa mun san wanda ya mutu yau, jibi za mu gan shi a wani fim da sabon doki.

Ranar da na fara sanin cewa akwai mutuwar silima wadda ba wasa ba ce, ita ce ranar da Yaya ya biya mini kuɗin shiga muka kalli Sarauniya, fim ɗin Med Hondo, wanda ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a 1987. A nan ƙasar Burkina aka ɗauke shi, daga littafin Abdullahi Mamani na Nijar, kuma labarin namu ne na Hausawa: yadda rundunar Faransa a ƙarƙashin Voulet da Chanoine ta ratsa ƙasar Hausa a 1899 tana ƙone garuruwa tana karkashe mutane, har ta yi karo da Sarauniya Mangu a Lugu. Wannan Voulet ɗin dai shi ne ya shigo Wagadugu da yaƙi a 1896. Tare da mu akwai wani tsoho maƙwabcinmu, mutumin wajen Birnin Ƙonni, wanda bai taɓa taka gidan silima ba sai ran nan. Da farko mita ya yi ta yi, wai yaya za a ce Sarauniyar Hausawa tana magana da Julanci. Amma da aka zo wurin ƙone-ƙonen sai muka ji ya yi tsit. Yaran da ke bencin gaba suna ta ihunsu kamar kullum. Da muka fito, muna tafiya gida, sai ya ce wa Yaya, "Kakata tana cikin waɗanda suka gudu daga Ƙonni. Ita kaɗai ta tsira a ɗakinsu." Bai ƙara ko kalma ba har muka rabu a ƙofar masallaci. Ran nan na gane cewa in dai abin ya faru da gaske, to, a cikin 'yan kallo ba a rasa mai gawa.

Shekara goma sha uku bayan haka sai ga shi ni ne mai gawar. Da aka kawo Yaya, liman ya ce ni da wani dattijo za mu yi wanka. Kafin mu shiga ya kama hannuna ya ce, "Za a rufe shi da zane, ta ƙarƙashin zanen za ka zuba ruwa. Abin da idonka ya gani kuma, ya tsaya tsakaninka da Allah." Na ga abin da na gani. Iyakar abin da zan iya faɗa shi ne, bai yi kama da ko ɗaya daga cikin dubban mace-macen da na biya kuɗi na kalla ba. Babu kiɗa, babu kalmar ban kwana. Mutum ne da kuka ci tuwo tare shekaranjiya, yau kana juya shi ba ya taimakonka. Tun daga ran nan ko matata ban taɓa gaya wa ba.

To, da dare ya yi na buɗe takardun yaron. Shafi sittin da 'yan kai ne, da Faransanci. Na karanta har asuba ta kusa. Labarin shugaban 'yan fashin ne tun daga yarintarsa: yadda fari ya cinye garken ubansa, yadda aka kore shi daga makaranta, budurwar da aka hana shi, bokan da ya ɗaura masa laya, bindigar farko da ya riƙe. Wallahi yaron ya iya tsara zance, har sai da na ji tausayin ɗan fashin ya kama ni. Ina ta juya shafi ina neman Yaya. Sai can wajen ƙarshe na same shi, a layi uku. An rubuta: wani Alhaji ɗan kasuwa, mai ƙiba, ya ƙi ba da jakarsa. Sa'an nan aka yi bayanin yadda za a rage gudun hoton a ga harsashi yana tafiya a hankali, jini ya fantsama a gilashin mota, goge yana tashi a baya.

Jama'a, Yaya siriri ne kamar sillen kara, bai taɓa zuwa Makka ba, kuma waɗanda ke cikin motar sun shaida bai yi gardama da kowa ba. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na ce a zuciyata, 'yan fashi sun kashe shi sau ɗaya a daji, ga ɗansa na cikinsa zai sake kashe shi a gaban jama'a, ya kuma ba makashin rawani.

Amma da na yi sallar asuba zuciyata ta sauka, sai na tambayi kaina: a ina yaron zai san ubansa? Yaya ɗan fari ne, saboda haka Innarmu ba ta taɓa kama sunansa ba, yana raye balle bayan ransa. Kunyar ɗan fari ba ta barin ta ko ta yi zancensa. Mahaifiyar yaron ta yi wani aure ta bar ƙasar tun yana ƙarami. 'Yan hotunan da muke da su sun salwanta garin kwashe kaya lokacin rusau. Tsofaffin da suka san shi kuwa an watsa su, waɗansu a filayen da aka ba mu a gefen Waga 2000, waɗansu a Niyoko, waɗansu sun riga mu gidan gaskiya. Ni da na rage, na ɗauki amanar liman na haɗa da duk rayuwar mamacin na rufe. Abu ɗaya tak yaron ya tashi yana ji a bakin mutane: ɗan wanda 'yan fashi suka kashe. Ashe ba shi ya mai da ubansa layi uku ba, mu ne. Sauran kuwa ya cike da abin da finafinai suka koya masa.

Kuma abin da akasarinsu ke koyarwa ke nan. Makashi shi ke da labari, shi ke da dalili, shi ake ba fitaccen ɗan wasa. Wanda aka kashe kuwa aikinsa kawai ya faɗi. A 2022 kamfanin Netflix ya fitar da wani dogon shiri a kan Jeffrey Dahmer, mutumin Amurka da ya kashe samari da maza 17. Duniya ta kalla, an yi ciniki, amma waɗansu daga cikin dangin mamatan sun fito sun ce ba wanda ya tuntuɓe su, sai ganin kukan da suka yi a kotu suka yi ana kwaikwayo a talabijin. Ba sai mun je Amurka ba ma. Ranar 15 ga Janairu 2016, da 'yan bindiga suka kashe mutum 30 a Cappuccino da otal ɗin Splendid, a kan titin Kwame Nkrumah, dab da inda unguwarmu take a da, kafin gari ya waye hotunan gawarwaki sun gama zagaya wayoyin mutane. Kowa ya zama mai ɗaukar fim, ba mai tunanin wayar wa hoton zai faɗa.

Sai dai kuma mu mutanen Wagadugu ba mu da uzurin cewa ba mu ga yadda ake yi da kyau ba, tun da FESPACO a ƙofar gidanmu ake yin sa tun 1969. A cikin makon nan da na ɗiba na zauna na tuno waɗanda suka tsaya mini a rai.

Akwai Camp de Thiaroye na Usman Sembene da Thierno Faty Sow, na 1988, a kan sojojin Afirka da Faransa ta bindige a barikin Caroy kusa da Dakar ranar 1 ga Disamba 1944, don sun nemi haƙƙinsu bayan sun dawo daga yaƙin Hitila. Fim ɗin ya haura awa biyu, amma kisan sai a ƙarshe. Kafin nan ka zauna da sojojin, ka ji gardamarsu a kan abinci da canjin kuɗi, ka san mai barkwanci da wanda yaƙi ya taɓa wa hankali. Saboda haka da wuta ta tashi, mutanen da ka sani ne ke faɗuwa.

Akwai Timbuktu na Abdurrahman Sissako, na 2014, wanda abin da ya tayar da shi shi ne jefe wani mutum da wata mata da masu iƙirarin jihadi suka yi a Agelhok, arewacin Mali, a 2012. Saura kaɗan a cire shi daga FESPACO na 2015 don tsoron hari, daga baya aka nuna shi da tsaro mai tsanani. Wurin jifan ko minti guda bai cika ba, ya kawar da kyamara. Inda makiyayi ya kashe masunci kuwa, sai ya ja da baya can nesa, ka hango kogi gaba ɗaya, mutum ɗaya yana ƙetarewa a ruɗe, ɗayan yana ƙoƙarin tashi ya kasa. Ba ka ga rauni ba, amma nauyin abin zai bi ka har gida. Wannan shi ne zuba ruwa ta ƙarƙashin zane.

Kada kuma a ce ina nufin rufewa ita ce daidai a kullum. Fanta Régina Nacro, 'yar ƙasar nan, ta yi La Nuit de la vérité a 2004, kuma a cikinsa akwai inda aka gasa mutum a kan wuta, abin da ba kowane ido ke iya jurewa ba. Ta faɗa wa 'yan jarida cewa irin wannan kisan aka yi wa wani kawunta soja da aka zarga da shirya juyin mulki. Ita mai gawa ce, ta zaɓi ta nuna, amma ta sa labarin a wata ƙasa da ta ƙaga, da ƙabilun da babu su, kuma ba wanda zai fito daga kallon yana sha'awar masu gashin.

Wani lokaci ma rufewar ita ce zaluncin. Ranar 13 ga Disamba 1998 aka tsinci gawar ɗan jarida Norbert Zongo, mai jaridar L'Indépendant, da mutum uku a cikin mota a ƙone kusa da Sapuy, alhali yana binciken mutuwar David Ouédraogo, direban ƙanen shugaban ƙasa na lokacin. Da farko cewa aka yi haɗari ne. A 2003 Luc Damiba da Abdoulaye Diallo suka haɗa fim ɗin Borry Bana a kan kisan, aka rasa gidan silima ko talabijin ɗin da zai yarda ya nuna shi a ƙasar nan, har wannan ya zama sanadin kafa bikin Ciné Droit Libre a 2005. A 2006 kotu ta rufe shari'ar ba tare da an hukunta kowa ba, sai bayan faɗuwar Blaise Compaoré a 2014 aka sake buɗe ta. A irin wannan, wanda ya ce a yi shiru don mutunta mamaci, makasa yake yi wa aiki. Abin da na fahimta dai shi ne, sutura haƙƙin gawa ce, ba haƙƙin wanda ya kashe ta ba.

Da mako ya cika yaron ya dawo. Na ce masa, "Ɗana, inda harsashi ya shiga ba zan gaya maka ba, ko yau ko gobe. Amana ce." Ya ce, "Baba, in ba a ga jini ba mutane ba za su ji zafin abin ba. Kuma shi ɗan fashin ai mutum ne. In ba mu san abin da ya kai shi daji ba, gobe wani zai shiga." Na ce wannan magana tasa ta biyu gaskiya ce, ban kuma hana shi ba ɗan fashi shafinsa ba. Amma na tambaye shi, a cikin mutum biyun nan wa aka raba da ransa, wa kuma ya samu shafi sittin? Sa'an nan na ce, jinin da yake so, mu mun kalli tulinsa a Riyale muna cin gyaɗa. Jinin baƙo ba ya sa kowa kuka.

Daga nan na yi abin da ya kamata in yi tun shekara ashirin da suka wuce. Na ba shi labarin ubansa tun daga la'asar har aka kira isha'i. Yadda ya fara da tallan goro a faranti a bakin babbar kasuwa kafin ya koma sayar da yadi. Yadda yake da wushirya, in ya yi dariya sai ya rufe baki da hannu. Yadda in Étoile Filante ta sha kashi ba ya cin tuwon dare. Yadda ba ya barci sai ya ji sashen Hausa na BBC, rediyo a kan ƙirji. Yadda ranar sunan shi wannan yaron ya rasa kuɗin rago, ya sayar da kekensa, ya yi wata uku yana zuwa kasuwa a ƙasa. Na gaya masa abin da ya fitar da shi a wannan tafiya: bashin wani dillali zai je ya biya kafin azumi, don ba ya son watan ya kama shi da haƙƙin wani a wuyansa. Na kuma gaya masa cewa har yau ba a gurfanar da kowa a kan kisan ba, kuma in yana neman abin da zai tona, to, ga shi nan. Yaron yana rubutu yana share ido da bakin riga.

Sharaɗi ɗaya na gindaya masa, na ce sai ya je ya nemi izinin kakarsa. Na raka shi. Inna ta haura tamanin, idonta ya yi rauni, amma hankalinta garau. Ya durƙusa ya yi bayani, ni kuwa ina jiran ta ce a bar tone-tone. Ta daɗe tana jan carbi. Can sai ta ce, "Wancan ɗin, ƙanzo yake so. In na kwashe tuwo sai ya tsaya a bakin madafa yana jiran tukunya, har ya yi aure bai daina ba." A iya sanina wannan ne karo na farko da ta yi zancensa tun da aka binne shi. Sa'an nan ta juya wajen jikanta ta ce, "Ka yi abinka, Allah Ya yi albarka. Amma ranar da za a nuna, a zo a ɗauke ni. Ko ban gani ba zan ji."

Da muka fito na ga jikin yaron ya yi sanyi. Ya ce, "Baba, yaya zan yi wurin harbin, Inna tana zaune?" Na ce wannan kuma aikinsa ne, shi ya koyi sana'ar, ni ɗan kallo ne. Na dai san yanzu ya san wadda zai zauna kusa da ita in an kashe fitila.

Ya karɓi takardunsa ya tafi, yau wata na uku yana sake rubutu. Jiya ya aiko a tambaye ni wane irin keke ne, kuma wane launi. Na ce baƙi ne, mai kariya a baya, ƙararrawarsa ba ta aiki.

Ga 'ya'yanmu masu wannan sana'a, na nan da na Kano da na Yamai, da ma duk mai waya a hannu, roƙona shi ne kafin ku ɗora kyamara a kan abin da ya faru da gaske, ku je ku yi sallama a gidan mamacin tukuna. Allah Ya jiƙan Yaya da dukkan waɗanda aka kashe bisa zalunci, Ya ba mu zaman lafiya a ƙasashenmu, Ya sa mu cika da imani, amin. Wassalam.